Amsoshin Tambayoyinku: Makarantarmu Ta Toshe Wasannin Facebook, Yaya Zan Tsallake Shingen?

TAMBAYA

Malam, ni ɗalibi ne a wata kwaleji, ina shekarar farko. Makarantarmu tana ba mu wayfai kyauta a laburare da ɗakin kwamfuta, amma sun toshe Facebook da wasanninsa, irin su Candy Crush da 8 Ball Pool da Ludo. Da ka danna sai ka ga an rubuto cewa an hana shiga. Wasu abokaina sun saka VPN na kyauta a wayoyinsu suna shiga abinsu, wasu kuma suna da wani shafi da ake bi ta cikinsa. Ni ba abin banza nake son kallo ba, gem kawai nake son bugawa idan babu darasi, ga data ta yi tsada. Don Allah wace hanya ce ta fi sauƙi? Kuma ko akwai wata matsala a ciki? Daga ɗalibinku a Gusau.

AMSA

Ƙanena, na ji daɗin tambayarka, musamman ƙarshenta, inda ka ce ko akwai matsala. Abokanka sun saka manhajar ba tare da sun tsaya sun yi wannan tambaya ba. Kuma na yarda da kai a kan tsadar data, domin a watan Janairun 2025 hukumar NCC ta amince wa kamfanonin waya su yi ƙarin kuɗi da ya kai kashi 50 cikin 100, kuma ɗalibai na cikin waɗanda abin ya fi taɓawa.

Amsata a taƙaice ita ce: ba zan nuna maka hanyar tsallake shingen ba, kuma ina ba ka shawara ka bar ta. Amma ba zan bar ka da "bari" kawai ba. Zan bayyana maka yadda toshewar take aiki, da dalilin da ya sa ake yin ta, da abin da abokanka suke biya ba tare da sun sani ba, sannan in nuna maka ƙofar da za ka bi a fili idan kana ganin an takura muku.

Yadda toshewar take aiki

Duk wata waya ko kwamfuta da ta hau wayfai ɗin makaranta, ta wata na'ura guda saƙonninta suke fita zuwa duniya. Ka ɗauke ta a matsayin mai gadin da ke bakin get da takarda a hannu: duk wanda zai fita sai ya faɗi inda za shi, idan sunan wurin yana cikin takardar sai a mayar da shi. Aikin ke nan.

A aikace, idan ka rubuta sunan shafi, wayarka takan fara tambayar wani kundin adireshi da ake kira DNS domin ta san lambar kwamfutar da shafin yake. Makaranta tana iya sa kundin nata ya ƙi ba da amsa a kan wasu sunaye. Tana kuma iya sayen na'urar tsaro daga kamfanoni irin su Fortinet ko Sophos ko Cisco, waɗanda suka karkasa miliyoyin shafuka gida-gida: caca, batsa, wasanni, shafukan sada zumunta, ilimi, labarai. Mai kula da intanet ɗin makaranta sai ya zaɓi gidajen da za a rufe. Shi ya sa za ka ga wani sabon shafin gem ya buɗe yau, gobe ya rufe. Kamfanin ne ya gano shi ya jefa shi cikin gidan wasanni.

Akwai abin da ɗalibai da yawa ba su sani ba. Yawancin shafukan yanzu a kulle suke tafiyar da saƙonninsu, don haka makaranta ba ta karanta hirarka. Amma tana ganin sunan shafin da ka nufa, da lokacin, da yawan datar da ka ja, da kuma wace waya ce. Idan da lambarka ta ɗalibi kake shiga wayfai ɗin, to sunanka yana manne da duk wannan.

Shi kuwa VPN, abin da yake yi shi ne ya naɗe dukkan saƙonninka ya kai su wata kwamfuta a wata ƙasa, daga can ita ta shigar maka shafin. Makaranta ba za ta ga Facebook ba, amma za ta ga cewa wayar wane tana haɗe da VPN tsawon awa biyu tana jan data mai yawa. Ɓoyewar da abokanka suke taƙama da ita rabi ce. Shafin da ake bi ta cikinsa kuwa, wanda ake kira furokzi, ya fi haɗari, domin duk abin da ka rubuta a cikinsa, har da kalmar sirrinka ta Facebook, ta hannun mai shafin yake wucewa, kuma ba ka san ko wane ne ba.

Me ya sa makaranta take toshewa?

Dalili na farko shi ne ƙarfin layin, kuma shi ne ya fi shafar makarantunmu. Makaranta wani adadi take saya a wata. A ce ta sayi megabit 20 a daƙiƙa, ɗalibai 200 suka hau lokaci guda, to kowa kashi ɗaya cikin goma na megabit zai samu. Buɗe Facebook ba gem kaɗai yake jawowa ba, yana tafe da hotuna da bidiyo da tallace-tallace masu buɗe kansu. Mutum goma masu yin wannan sun isa su sa ɗalibin ajin ƙarshe ya wuni yana jiran takarda ɗaya ta furojet ɗinsa ta sauka, ko mai rajistar kwasa-kwasai ya ga shafin ya tsaya ana gobe rufewa. Datar da kake gani kyauta ce, daga kuɗin makarantar da iyayenku suka biya ko daga baitulmali aka saye ta, domin karatu.

Na biyu shi ne tsaron na'urorin kansu. Kwamfutocin ɗakin kwamfuta layi ɗaya suke. Muguwar manhaja idan ta shiga ɗaya tana iya bin layin ta kama saura, kuma shafukan da ke tallan "wasannin da ba a toshe ba" sun yi suna wajen maɓallan saukewa na ƙarya. Tun shekarar 2015 hukumar JAMB ta koma yin jarrabawarta gaba ɗaya a kwamfuta, kuma ɗakunan kwamfuta na manyan makarantu da yawa su ne cibiyoyin jarrabawar. Lalacewar irin wannan ɗaki ba ƙaramar asara ba ce.

Na uku shi ne nauyin da ke kan makaranta na kare ɗalibanta. Kada ka ɗauka takurawar malamanku ce kawai. A Amurka, tun shekarar 2000 aka yi dokar da ake kira CIPA, wadda ta wajabta wa makarantu da laburarorin da ke karɓar tallafin intanet daga gwamnatin tarayya su saka matata, wato na'urar tace shafuka. Ƙungiyar laburarorin ƙasar ta kai ƙara, amma a 2003 Kotun Ƙoli ta tabbatar da dokar. A Ingila ma ƙa'idojin gwamnati sun ɗora wa makarantu alhakin tacewa da sa ido a kan intanet ɗinsu. Ɗaliban can suna yin irin ƙorafin da kake yi, suna kuma neman irin hanyoyin da abokanka suke bi.

Wa yake biyan kuɗin VPN na kyauta?

Nan ne nake so ka fi tsayawa. VPN ba laifi ba ne a karan kansa. Bankuna da kamfanoni da jami'o'i suna amfani da shi domin ma'aikatansu su shiga ayyukan ofis daga nesa cikin tsaro. 'Yan Nijeriya da yawa sun fara saninsa ne lokacin da gwamnati ta dakatar da Twitter daga Yunin 2021 zuwa Janairun 2022. Matsalar tana ga irin wanda ɗalibi marar kuɗin data yake saukewa, wato na kyauta. Mai VPN yana hayar manyan kwamfutoci a ƙasashe da dama, yana biyan kuɗin layi kowane wata. Idan bai karɓi sisinka ba, daga ina yake mayar da kuɗinsa? Hausawa sun ce banza ba ta kai zomo kasuwa.

An bincika, kuma an samu amsa. A 2016 masu bincike daga hukumar kimiyya ta Ostireliya, CSIRO, tare da wasu jami'o'i, sun gwada manhajojin VPN 283 na wayoyin Android. Sun samu alamun muguwar manhaja a kashi 38 cikin 100, kuma kashi 18 cikin 100 ba sa ma kulle saƙonnin da suka ce suna karewa. A 2015 aka gano cewa Hola, wani VPN na kyauta da miliyoyin mutane suke amfani da shi, yana sayar da layin masu amfani da shi ga wasu, har aka yi amfani da layukan wajen kai wa wani shafi hari. Shi kansa kamfanin Facebook ya taɓa mallakar wani VPN na kyauta mai suna Onavo, wanda yake tattara masa bayanan manhajojin da mutane suke buɗewa a wayoyinsu. A 2018 aka cire shi daga kasuwar manhajoji ta Apple, a 2019 kuma aka rufe shi.

Mafi muni shi ne wanda hukumomin Amurka suka tarwatsa a watan Mayun 2024, mai suna 911 S5. Masu shi sun raba VPN na kyauta irin su MaskVPN da DewVPN, duk kwamfutar da ta saka su sai ta zama hanyar da ake hayar wa 'yan damfara su bi su aikata laifi. Adireshin intanet sama da miliyan 19 abin ya shafa, a kusan ƙasashe 200. Ma'ana, a yi damfara a wata nahiya, sawun ya nuna kwamfutar wani bawan Allah da bai san hawa ba bai san sauka ba. Idan irin wannan ta faru a kan layin makarantarku, sunan makarantar ne zai fara fitowa, sannan naka.

Yanzu dubi wayar da ke hannunka. A cikinta manhajar bankinka take, a cikinta lambobin sirri na tura kuɗi suke shigowa, a cikinta hotunan 'yan gidanku suke. Ba na jin akwai wanda bai taɓa samun saƙo daga asusun wani ɗan'uwa da aka sace ba, ana cewa a taimaka masa da dubu biyar yana cikin matsala. Sau da yawa irin wannan sata daga kalmar sirri take farawa, wadda mai ita ya rubuta a inda bai kamata ba. Kwaɗayi mabuɗin wahala. Bai dace ka sa duk wannan a caca saboda wasan minti talatin ba.

Su wasannin fa?

Wasa ba haramun ba ne, kuma ƙwaƙwalwar da ta sha karatu tana buƙatar hutu. Amma yana da kyau ka san yadda aka ƙera irin waɗannan wasanni, domin ka gane dalilin da ya sa ranka yake ja zuwa gare su har kana neman tsallake shinge.

FarmVille, wanda kamfanin Zynga ya fitar a Facebook a 2009, yana cikin waɗanda suka buɗe wannan ƙofa. Za ka shuka amfanin gona, idan lokacin girbi ya yi ba ka dawo ba sai ya bushe. Da wannan dabara ya tara masu wasa sama da miliyan 80 a wata a shekarar 2010, domin mutum yana ofis ko yana aji hankalinsa yana kan gonar da babu ita. A ranar 31 ga Disambar 2020 aka rufe wasan na asali, lokacin da manhajar Flash da yake tafiya a kanta ta daina aiki, duk gonakin da mutane suka shekara goma suna nomawa suka tafi. Candy Crush Saga da ka ambata, na kamfanin King ne, ya fito a 2012. Rai biyar yake ba ka, idan sun ƙare ko ka jira rabin awa kafin kowane ɗaya ya dawo, ko ka roƙi abokai, ko ka biya kuɗi. Jiran yana sa ka riƙa duba waya, roƙon yana jawo musu sababbin mutane, biyan kuma shi ne ribar. A 2016 aka sayi kamfanin King a kan dala biliyan 5.9. Wannan kuɗi daga lokacin mutane da aljihunsu ya fito.

Akwai kuma batun bayananka. Badaƙalar Cambridge Analytica da ta fito fili a 2018 daga wata 'yar manhajar tambayoyin gwada hali a Facebook ta faro. Mutum kusan 270,000 suka saka ta, amma ta kwashi bayanan abokansu har adadin ya kai mutum miliyan 87 a ƙiyasin Facebook. A 2019 hukumar FTC ta Amurka ta ci Facebook tarar dala biliyan 5. An tsaurara ƙa'idoji tun daga lokacin, amma darasin yana nan: duk wasan da ya ce ka shiga da asusunka na Facebook, karanta abin da yake neman izini a kai kafin ka danna.

Hukumar Lafiya ta Duniya, a 2019, ta amince da saka jarabar wasan gem cikin kundinta na cututtuka. Alamomin da ta zayyana uku ne: mutum ya kasa iyakance wasan, ya fifita shi a kan sauran al'amuran rayuwarsa, ya kuma ci gaba da shi duk da yana ganin illar, har abin ya ɗauki kamar shekara. Hukumar ta ce kaɗan ne daga cikin masu wasa suke kaiwa wannan mataki, don haka ba ina cewa kana ciki ba ne. Amma ka auna kanka. Ka ce sai babu darasi kake bugawa. Shin idan lokacin darasin ya yi kana ajiye wayar? Shin ka taɓa jinkirta salla ko aikin gida don ka ƙarasa wani mataki? Kai kaɗai ka san amsar.

Amana da doka

Yawancin makarantu suna da ƙa'idar amfani da intanet a littafin dokokin ɗalibai ko a shafin da kake dannawa kafin ka hau wayfai. Da ka danna ka amince, ka ɗauki alkawari. An ba ka abu a kan sharaɗi, kuma cika sharaɗi yana cikin amana, ko mai gadi yana kallo ko ba ya kallo. Hukuncin karya ƙa'idar ya danganta da makaranta: cire wayarka daga layin, hana ka ɗakin kwamfuta, ko gurfana gaban kwamitin ladabtarwa.

Akwai kuma matakin da ya wuce dokar makaranta. Wanda ya saba da tsallake shinge yakan ƙara gaba: ya nemi kalmar sirrin malami domin layin malamai a buɗe yake, ko ya taɓa saitin na'urar makaranta. Wannan shiga na'urar wani ne ba da izini ba, kuma dokar laifukan intanet ta Nijeriya ta 2015 ta tanadi tara da ɗauri a kansa. Ka nisanci wannan, ka kuma ja kunnen duk abokin da ka ga ya doshi can.

Idan matatar ce ta yi kuskure

Gaskiya ne matatar tana wuce gona da iri. Na'ura ce, ba ta da hankali. An sha samun inda ta rufe shafukan da ke bayani a kan kansar mama ko lafiyar haihuwa saboda wasu kalmomi da ta gani, kuma rufe YouTube gaba ɗaya yana rufe dubban darussan lissafi da kimiyya. Har ma akwai malaman da ke tura sanarwar aji ta zaurukan Facebook. Idan irin wannan ta same ka, kana da haƙƙin magana.

Rubuta cikakken adireshin shafin, da darasin da ya shafa, da dalilin da ya sa kake buƙatarsa. Kai wa jami'in sashen kwamfuta, in da hali da sa hannun malamin darasin. Buɗe shafi ɗaya aikin 'yan mintuna ne a wurinsa. Batun wasanni kuwa, ku bi ta wakilin aji ko ƙungiyar ɗalibai ku nemi a ware lokaci, domin irin waɗannan na'urori suna iya rufe abu da safe su buɗe shi bayan la'asar ko a ƙarshen mako, suna kuma iya iyakance datar da kowa zai ja. Buƙatar da aka rubuta cikin ladabi, da sunayen ɗalibai da yawa, tana da nauyi a gaban hukuma. Ko an ƙi, ba ku yi asarar komai ba.

Ga malamai da shugabannin makarantu masu karanta wannan fili, ina roƙon ku riƙa yi wa ɗalibai bayanin abin da aka toshe da dalilinsa, ku kuma sanar da su ofishin da za su kai ƙorafi. Ɗalibin da aka rufe wa ƙofa ba bayani shi ne yake faɗawa hannun masu VPN na bogi.

Abin da za ka yi yanzu

Idan ka riga ka saka irin wannan manhaja, cire ta. Canza kalmar sirrin Facebook da ta imel ɗinka a kan layin da ka amince da shi, ka kunna tabbatarwa mai mataki biyu, ka shiga saitin Facebook ka duba manhajojin da ke haɗe da asusunka ka cire waɗanda ba ka sani ba. Ka gaya wa abokanka su ma su yi haka, musamman waɗanda suka rubuta kalmar sirrinsu a wancan shafi na furokzi.

Batun nishaɗi kuma da sauƙi. Ludo King da Candy Crush na waya suna tafiya ko babu intanet, ga wasanni da yawa irinsu da ba sa cin data. Buga abinka a ɗaki bayan ka gama karatu, ka sa wa kanka iyaka. Shi kuwa wayfai ɗin makaranta, ci moriyarsa a inda zai rage maka kashe kuɗi: littattafan kwasa-kwasan jami'ar NOUN suna nan kyauta a shafinta, haka littattafan OpenStax da darussan Khan Academy. Tunda kana son gem, gwada Scratch, wanda jami'ar MIT ta fitar a 2007 domin masu koyo su ƙera wasanninsu da kansu, kuma kyauta ne. Daga nan wasu suka fara koyon rubuta manhaja.

Hukuncina ke nan, ƙanena: kada ka tsallake shingen, ka cire VPN na kyauta daga wayarka, ka nemi abin da kake so ta hannun hukumar makaranta. Shekarun kwaleji kaɗan ne, kuma intanet ɗin da ba ka biya ba zai yi wuya ka sake samu bayan ka gama. Allah ya ba ka ilimi mai amfani, ya ba ka sa'ar jarrabawa.